Dutsen Iyaka a Tsakar Gidan Zamir

Ranar wata Juma'a, da aka idar da sallar magariba, Kaniz tana gasa roti, gurasar ƙasarsu, a tsakar gida, mijinta Zamir yana jiran abinci, sai wani hoge ya faɗo cikin kwanon miya. Kaniz ta ɗaga kai ta tsine wa birai, amma babu biri a kan katanga. Na biyu ya faɗo, na uku ya bi shi. Zamir ya murƙushe ɗaya a tafin hannunsa, ya ga jar ƙasa ce. A duk ƙauyen Nimgawa gona ɗaya ce mai jar ƙasa, kuma ya san ta.

Gonar Sugra ce, matar marigayi wansa. A shekarar ne hukuma take haɗe gonaki, a karɓi guntayen kowa a ba shi a dunƙule wuri guda, kuma tun ranar da aka kafa sanarwa aka hana sayarwa da kyauta sai da izinin jami'i. Duk da haka Zamir ya sa Sugra ta dangwala yatsa a wata takarda, ya ce mata ta karɓar taki ce, alhali ta kyautar gona ce. Marubucin takardar ya mayar da kwanan watan baya, zuwa kafin sanarwar. Sugra ta kai ƙara, an sa zama ranar Litinin. In takardar ta tsaya, gonarta ta narke cikin tasa ke nan, ita kuwa ba ta da inda za ta shuka ko tafin alkama.

Akwai wata kusurwa a gonar, a gindin tsamiya, wadda tun kakanni ba a sa mata garma. Zamir ya bi ta da shanu ya nome.

Magariba ta biyu aka ji ana auna tsakar gidan da sarƙa, irin ta masu awon gona, ba a ga mai ja ba. Magariba ta uku, da suka fito daga salla, suka tarar da dutsen iyakar gonar Sugra, wanda sai maza biyu suke ɗagawa, a kafe kusa da murhu. 'Yarsu Tabassum tana zaune a kansa, babban yatsanta baƙi ƙirin da tawada. Uwarta ta kira sunanta har sau uku, ba ta waiwayo ba.

Aka kira Hafiz Nurul, limamin ƙauyen. Ya zauna a gabanta ya yi ta karatu a hankali, har gidan ya yi tsit. Sannan ya tambaya ko wane ne.

Muryar da ta amsa daga bakin yarinyar ta tsoho ce. Ya ce shi aljani ne mai gindin tsamiya, ya ga awon gona bakwai kafin wannan, babu wanda ya taɓa masa ɗaki.

"Malam Zamir," in ji muryar, tana dariya ƙasa-ƙasa, "kai da ka iya lissafi, ranar da ka sa aka rubuta a takardar, matar wanka tana ina?"

Kaniz ce ta ƙirga da yatsu, sai ta dafe ƙirji. Ranar ta faɗa tsakiyar takabar Sugra, lokacin da kowa ya san ko ƙofar gida ba ta leƙa, balle ta je gari ta yi kyautar gona.

Aljanin ya nemi baƙin ɗan akuya da fitila duk Alhamis. Hafiz ya ce yanka na Allah ne, fitila kuma ba za a kunna masa ba. Suka daɗe suna ja. A ƙarshe ya yarda da abu biyu: a bar masa kusurwarsa, kuma Zamir ya faɗi gaskiya da bakinsa a gaban jami'i.

"In ya ƙi fa?" in ji Hafiz.

"Shi ya riƙe gona, ni in riƙe yarinya. Musaya ai ita ake yi bana."

Zamir ya dubi 'yarsa, ya ce ya yarda. Tabassum ta yi atishawa sau uku ta sulale jikin uwarta, amma tawadar ba ta fita ba, ko da toka.

Ranar Litinin, kafin lauyansa ya buɗe baki, Zamir ya miƙe ya faɗi gaskiya. Jami'i ya soke takardar. Da yamma mutanen ƙauye suka gan shi yana mirgina dutsen shi kaɗai zuwa gonar. Sugra tana tsaye a gindin tsamiya. Bai iya kallonta ba, ya ce, "Babi, matar yayana, nuna mini wurinsa."

Ta nuna masa da ƙafa. Da ya koma gida, yatsan Tabassum ya washe.