Duna a Gaban Mota

A bakin kanal ɗin Bunkure, cikin ranin 2005, Barira ta fara ganin Lukmanu. A saman motarsa ta gan shi, karensu Duna na ƙasa yana neman yaga masa wando.

"Baiwar Allah, kare ne wannan ko zaki?"

"Warin fetur ne ba ya so," ta ce tana danne dariya. "Mota ce ta take uwarsa a gadar can."

Lukmanu direban a-kori-kura ne daga Kura, tumatir yake ɗauka. Kafin tumatir ya ƙare ya turo magabatansa. Mahaifinta Malam Jaji ya ƙi.

"Kare ya san mugu. Wanda Duna ya ƙi, ba na ba shi 'yata. Mako uku na ba shi. Duna ya shiga motarsa ba igiya, su je Kura su dawo, ko ya manta hanyar gidana."

Karnuka nawa aka gani suna kaɗa wa ɓarayi wutsiya! Amma wa zai gaya wa Jaji? Musbahu, maƙwabcinsu na lambu wanda Duna ke lasar hannunsa, har ya fara gaishe da Barira da "amarya".

Kullum da la'asar Lukmanu zai zo ya kashe mota, ya buɗe ƙofa, ya koma gefe. Barira ta shimfiɗa tsohon zanenta a kujera, ta ajiye ƙashi. Kwana shida kafin Duna ya sa ƙafa. Ranar da aka tada inji ya dira ya tsere cikin shinkafa, ta zauna tana kuka.

Saƙo ya shigo wayarta: "Sanyin idona, kar ki tsawata masa. Gobe mu koma farko. Ni ma a hankali kika saba da ni."

A mako na uku suna kaiwa bakin kanal su juyo. Gada ce dai ba su taɓa hawa ba.

Ranar gwajin ta zo. Motar ta tashi, Duna na rawar jiki a gaba. Tafiyar da ba ta kai awa ba, aka yi la'asar shiru.

"Ai ya sayar wa masu cin kare," in ji Musbahu. "Direba ne fa, Baba."

Barira ta kira wayar Lukmanu, a kashe. Ta tsaya a soro tana leƙen hanya.

Gab da magariba motar ta tsaya. Lukmanu ya fito, rigarsa duk amai.

"Baba, ban kai Kura ba. A gada ya ruɗe, ya yi amai. Na kashe mota, muka zauna a ƙasa har ya huce. Ban iya tilasta masa ba. Na faɗi gwajin."

Duna ya diro, ya zagaya, ya kwanta a kan ƙafar Lukmanu.

Malam Jaji ya daɗe yana kallon rigar.

"Da ka ce kun je, wa zai ƙaryata ka? Karen?" Ya gyara hula. "Barira, kawo masa ruwa. Kai kuma, ka turo manyanka."

Ranar kai amarya, ƙawaye a baya suka zauna. Gaba na Duna ne, a kan tsohon zanen, kansa a waje ta taga. Da aka zo gada ya ɗan yi gurnani, Lukmanu ya rage gudu, suka haye. Allah ya ba su zaman lafiya da zuri'a mai albarka.