Sitiyarin Hannu Ɗaya

Ranar da ta fara shiga shagonsa, rungume take da kwamfuta, babba irin ta tebur. Ta dire ta a gabansa, ta share gumi da bakin mayafi.

"Kai ne mai gyara?"

"Haka suke cewa."

"Fankarta ke ihu. Ita kaɗai za ka taɓa. Kar ka haɗa ta da intanet, kar ka sabunta komai."

Ya ɗago ya dube ta. Shekara shida yana wannan aiki, ba wanda ya taɓa gindaya masa sharaɗi kafin ya ɗauki sukudireba. Ya ce ta dawo gobe. Ta ja kujera ta zauna.

"A gabana za ka yi."

Yana kwance fanka tana ba shi labari. Mahaifinta direban tirela ne, shekara talatin da ɗaya a kan titi. Ciwo ya shanye masa ɓarin hagu. Ya shekara a zaune yana kallon bango, ba ya magana sai ta zama dole. Ita malamar firamare ce, ba ta san komai game da wasan kwamfuta ba. Ta koya. Ta samo wasan tuƙa manyan motoci, ta sayi sitiyari, ta yi wata huɗu tana kallon hannun tsohon tana gyara saiti. Giya, sigina, oda, duk ta mayar da su ƙarƙashin yatsun hannun dama. Ranar da ya kai kaya gari na farko a allon, ya nemi ƙarin abinci.

"To me ya haɗa wannan da sabuntawa?" ya tambaya.

"Akwai wani ƙari da na saka wa wasan don hannu ɗaya. Da wannan tsohon samfurin kaɗai yake aiki. Ita kuwa manhajar wasannin, da ta ji ƙamshin intanet sai ta hau sabunta komai ba sallama. Na saita ta kar ta taɓa wasan sai an buɗe shi, na kuma hana ta intanet gaba ɗaya."

Ya ajiye sukudireba.

"Malama, ke kaɗai kika yi duk wannan?"

"Da wa zan yi? Ci gaba da aikinka, Injiniya."

Shi ba injiniya ba ne. Amma sunan ya bi shi tun daga ranar.

Da yamma ya tura mata saƙo.

"Malama, ya fanka? Ta yi shiru? Ni dai tawa ce ta fara ihu tun da kika fita."

"Ka sa mata mai. Baba ya ce an gyara masa lagireto."

"Gyaran tawa sai wadda ta ɓata ta."

Ba ta amsa ba sai washegari, kuma a taƙaice: "Ka zo gida ka gaida Baba."

Ya je. A gida Auta ake ce mata. Inna ta karɓe shi da fara'a. Baba kuwa bai ɗauke ido daga allo ba, yana hawan wani tudu da lodin katako. Sai da ya sauka ya yi fakin, sannan ya juyo.

"An ce akwai kujeru a bayan shagonka, samari na zama suna wasa."

"Akwai, Baba. Guda shida."

"Ba na ba mai gidan wasa 'yata."

Auta ta yi ƙasa da murya. "Baba, ai kai ma..."

"Ni tuƙi nake."

Ya koma kan sitiyarinsa. Tsohon yana da wanda yake so ya ba Auta a ransa, ɗan abokinsa, mai sayar da wayoyi. Yaro ne mai tsabta, yana zuwa da mota, yana gaida kowa har ƙasa. Auta tana ba shi ruwa ta koma ɗaki.

Injiniya bai daina zuwa ba. Ya gyara wayar wuta ta falo da ke tartsatsi. Ya ɗaure wa sitiyarin teburin da ba ya rawa. Baba ya fara amsa gaisuwarsa da kalma biyu maimakon ɗaya. Saƙonni kuma suka yi ta tafiya.

"Malamata, yau Baba ya ce min sannu. Rubuta kwanan watan."

"Na rubuta, Injiniyana. Saura ya ce ka zauna."

Sai ya so ya burge. Ya lura ma'ajiyar kwamfutar ta tsufa, wasan na daɗewa kafin ya buɗe. Ya sayo sabuwa mai sauri. Wata Asabar da Auta ta raka Inna asibiti, ya roƙi Baba ya ba shi kwamfutar na awa uku.

Aiki ya yi mai kyau. Ya kwashe komai ya mayar, ya share ƙura. Sai dai hannun mai gyara yana da ɗabi'a. Duk kwamfutar da ta hau teburinsa, yakan soka mata wayar intanet kafin ya rufe, ya tabbatar komai na tafiya. Ya yi hakan sau dubu. Ya soka, ya buɗe wasan don ya gwada, ya juya ya sallami wani da ya kawo firinta. Kafin ya dawo, manhajar ta gama sabunta wasan.

Ƙarin ya daina aiki. Saitin wata huɗu ya koma yadda kamfani ya yi shi, na mai hannu biyu.

Yana iya cewa tsohuwar ma'ajiyar ce ta mutu. Ba wanda zai gane, sai Auta, ita ma da ƙyar. Bai yi haka ba. Ya ɗauki kwamfutar ya kai gida, ya durƙusa a falo.

"Baba, na ɓata maka mota. Auta ta gargaɗe ni tun ranar farko. Ni na haɗa ta da intanet. Laifina ne."

Tsohon ya kama sitiyari. Ya danna inda giya take, gilashi ya sauka. Ya nemi sigina, babu. A kwanar farko tirelar ta faɗa rami. Ya saki sitiyarin a hankali.

"Tashi ka fita. Kar in ƙara ganinka."

Kwana uku Baba bai zauna a teburin ba. Ya koma kujerarsa ta da, fuskarsa ga bango. Mai wayoyi ya ji labari, ya zo da sabuwar kwamfuta dal a kwali. Aka haɗa, aka kunna. Sabon samfurin wasan ne a ciki, mai kyan hoto. Baba ya taɓa sau ɗaya.

"Na gode, ɗana. Wannan ba motata ba ce."

Injiniya ya tura saƙo.

"Malamata, ba yafiya nake nema ba tukuna. Ki ba ni kwamfutar da sitiyarin. In na kasa, ba za ki sake jin muryata ba."

Ta karanta, ta kife wayar. Inna ce ta sa baki.

"Wanda ya ɓata shi zai gyara. Ɗauki ki kai masa. Ba sai kin yi masa dariya ba."

Ta kai. Ba ta ko zauna ba.

Dawo da tsohon samfurin bai ba shi wuya ba. Manhajar tana ajiye tsofaffin a wani lungu, ya zaɓo wanda ya dace, ƙarin ya tashi. Saitin ne matsala. Ba a rubuce yake ko'ina ba, a hannun Baba yake.

Rana ta tara da kai kwamfutar, Auta ta biyo ta ƙofar shagon daga makaranta. Ba ta yi niyyar tsayawa ba. Ta hango shi ta gilashi zaune gaban sitiyari, hannunsa na hagu ɗaure a jikin kujera da wayar caja. Yana tuƙi da dama, yana tsayawa, yana rubutu a takarda. Samarin bayan shago suna ta yi masa tsiya, ko juyowa bai yi ba.

Ta shiga. Ta daɗe tsaye a bayansa.

"Siginar ta yi nisa," ta ce. "Babban yatsan Baba ba ya kaiwa nan. Ya taɓa karyewa."

"Ban sani ba."

"Ina za ka sani? Matsa."

Ta ja kujera. Ta kwance masa wayar da kanta, ta ga shatar da ta yi a wuyan hannun. Kwana biyu suka ƙara, ita tana tunawa, shi yana saitawa.

Ranar da suka kai kwamfutar gida, a bakin ƙofa Injiniya ya tsaya. Inna ta ce wa Baba ga motarsa an kawo daga gareji. Da ƙyar ya taso. Ya kama sitiyari, yatsansa ya faɗa kan giya ba tare da ya duba ba. Ya fita daga tasha, ya ba da sigina, ya sha kwana. Rabin awa ba wanda ya yi motsi a falon. Ya kai kaya, ya yi fakin da baya a karo ɗaya.

"Yana waje?"

"Yana waje, Baba."

"Ya shigo."

Ya shigo ya durƙusa. Tsohon ya ce ya nuna masa yadda hakan ba za ta sake faruwa ba. Injiniya ya nuna masa. An kafe wasan a tsohon samfuri. An hana manhajar intanet. Ramin wayar intanet ma ya toshe shi da roba. Saitin kuma ya kwafe shi wuri biyu, ɗaya a hannun Auta, ɗaya a hannun Inna.

"Me ya sami hannunka?"

Injiniya ya ja hannun riga ya rufe shatar. Inna ta faɗa wa Baba yadda Auta ta same shi yana tuƙi da hannun hagu ɗaure a kujera.

Baba ya dube shi.

"Na yi yaran mota goma sha ɗaya. Kowanne in ya ɓata abu sai ya ce tun da can haka yake. Kai ka durƙusa ka ce kai ne." Ya gyara zama. "Zauna a kujera. Gobe ka turo manyanka."

Auta ta ruga ɗaki. Inna ta bi ta tana dariya.

Bayan wata biyu aka ɗaura aure. Mai wayoyi ma ya zo, ya yi wa ango murna, don yaro ne mai tarbiyya. Da za a tafi da amarya aka kawo su gaban Baba. Ya ɗora hannunsa na dama a kanta. Bai yi dogon jawabi ba.

"Ke kika tashe ni," ya ce. "Allah ya ba ki 'ya'yan da za su yi miki haka."

Ya juya ga ango.

"Kai kuma na ba ka. Ka riƙe ta da hannu biyu, tunda kana da su. Allah ya yi muku albarka."

Falon ya amsa da amin.