Sarkin Latti da Monitar Ajinsu

Falon Inna ya cika maƙil ranar da autanta ya dawo daga aikin walda da ya tafi yi a ƙasar waje. An janye teburin tsakiya an shimfiɗa darduma, yara sun baje suna ɓare alawar tsaraba, fanka na juyawa a sama ba ta tsinana wa kowa komai. Shi kuwa yana zaune kusa da ƙafafun Inna, ya yi duhu, ya rame, hannuwansa duk tabon tartsatsin wuta. Yana ba Kawu labarin yadda ake aiki a saman dogon bene da igiya ɗaure a ƙugu, sai ga matarsa ta shigo ɗauke da tiren shayi.

Ta ce, "Latti, janye ƙafar nan mana, ka tare hanya. Shekara da shekaru a ƙasar mutane, har yau ba ka koyi zama ba?"

Ya ƙyalƙyale da dariya, don wannan muryar ce ya yi ta kewa a can. Sai da ya ɗago kai ya ga shi kaɗai ke dariyar. Kawu ya sunkuyar da kai yana juya cokali a kofi. Yaya Babba, wadda ita ce babbar 'yar Inna, ta ƙura wa matar ido tana taɓe baki.

Sunan ya samo asali tun suna sakandare. Matar tasa ce monitar ajinsu, ita ke tsayawa a bakin get da safe tana tare masu makara, shi kuma kullum sai an kaɗa ƙararrawa yake ɓullowa da gudu, riga a waje, takalmi ɗaya ba igiya. Aka laƙaba masa Sarkin Latti, shi kuma ya riƙa kiranta Monita. Ta ga an zane shi a gaban asambili, ta gan shi yana share hawaye a bayan aji, ita ce kuma ta zaunar da shi ta koya masa lissafi har ya tsallake jarrabawar ƙarshe da ƙyar. Bayan sun gama suka yi aure. Ba a jima ba ya samu aikin waje ya tafi, ya bar ta tana koyarwa a wata firamare tana kuma kula da Inna.

Da baƙi suka watse, Yaya Babba ta ja shi baranda.

Ta ce, "Auta, kai kunnenka toshe yake? A gaban Kawu mace ta kira ka da sunan tsokana kana washe haƙora?"

"Yaya, wasa ne fa. Haka muka saba."

"Sabon shi ne matsalar. Macen da ta ga ana dukanka, ta fi ka maki a kowace jarrabawa, ta ina za ta ga girmanka? Ka duba 'yan ajinku da suka auri juna. Wanda ya auri shugabar ɗalibai, ina auren? Mai tsaron gidan ƙwallonku da yarinyar nan mai tabarau, ba sun rabu ba? Soyayyar makaranta wasan yara ce, in an girma sai ta koma raini. Ga shi ka dawo ba ka da aiki, ita ke fita kullum. In ba ka taka mata birki yanzu ba, wallahi nan gaba aikenka za ta riƙa yi."

Maganar rashin aikin ce ta soke shi. Ya ji ta har cikin ƙashi.

Washegari da safe Monita na guga a ɗaki, yana zaune a bakin gado yana kaɗa ƙafa. Ya ce, "Daga yau ki daina kirana da sunan nan. Ko a gaban mutane, ko mu biyu. Kuma wannan tsokanar ta isa haka, mun girma."

Ta ajiye dutsen guga. "Na yarda jiya na yi kuskure, murna ce ta ɗebe ni, ban lura da Kawu ba. Zan je in ba shi haƙuri. Amma mu biyu ma?"

"Na ce ko mu biyu. Raini ne."

"Ni ce na raina ka?" Idonta ya kawo ruwa. Ta tsaya tana kallonsa kamar tana jiran ya fashe da dariya ya ce wasa yake yi. Da ta ga bai yi ba, ta goge fuska da gefen mayafi ta ce, "To, maigida. Yadda ka ce haka za a yi."

Haka kuwa aka yi. Da safe ta gaishe shi a ladabce. Ta ajiye masa abinci ta koma gefe, sai ya gama ta kwashe. In ya faɗi abin dariya ta yi ɗan murmushi irin na baƙuwa. In ya sa riga a juye ba ta cewa komai, sai dai ta miƙa masa wata. Yaya Babba ta zo ta gani, ta dafa kafaɗarsa ta ce, "Ka ga gida yanzu."

Shi kuwa gidan ya zame masa kamar ɗakin haya da ya baro a can, inda bango kaɗai ke sauraronsa. Kullum yana fita neman aiki, daga wannan gareji zuwa wancan wurin ƙera ƙofofi, kowa ya ce ya dawo wani lokaci. Ya dawo gida da zafin rana a ka, ba mai ce masa ya bar ɗaure fuska kamar hedimasta. Zama ya gagare shi. Ya zauna ya tashi, ya leƙa taga, ya ɗauki waya ya ajiye. Ana cikin haka ɗan kwangilar da ya kai shi waje ya bugo, ya ce akwai sabon aiki, in yana so ya kawo fasfo.

Ya sami Monita a kicin tana wanke-wanke. Ya ce, "An kira ni. Ina jin zan koma."

Hannunta ya tsaya cikin kumfa. Ba ta juyo ba. Can ta ce, "Allah ya sa alheri ne. Yaushe zan shirya maka jaka?"

Ya juya ya fita. Ƙafarsa ta kai shi shagon Dogo mai aski, abokinsa tun aji ɗaya, wanda shi ma 'yar ajinsu ya aura, yanzu nas ce a asibiti.

Dogo ya yafa masa ƙyalle yana cewa, "Sarkin Latti da kansa. Kai ko zuwa gaishe ni sai da ka makara. Ina Monita? Har yanzu tana sa ka tsallen kwaɗo?"

Ya yi tsaki, ya kwashe labarin duka ya faɗa masa. Dogo ya kashe injin aski, ya leƙo fuskarsa ta madubi.

"Kai dai lissafi ne kawai ya yi maka wuya a makaranta ko har da hankali? Yaya ta ƙirga maka waɗanda suka rabu, ta manta da mu da muke zaune. Ni fa duk 'yan ajinmu a kujerar nan suke zama, na san labarin kowa. Wanda ya auri shugabar ɗalibai, kuɗi ya samu ya fara jin kunyar wadda ta san shi da yagaggen wando. Mai tsaron gida kuma so ya yi matarsa ta tsaya yadda take tana 'yar shekara sha shida, ita kuwa ta girma. Waɗanda suka daɗe, ka je ka duba, duk masu iya yi wa juna dariya ne. Tawa har yau in muka yi faɗa sai ta tuna min ranar da na suma a fareti. In ji haushi, in kuma yi dariya, faɗa ya mutu."

"To ai ni ba ni da aiki, Dogo."

"Ita ta ce maka aikinka ta aura? Sunkuyar da kai in gyara maka ƙeya."

Daga shagon ya wuce gidan Inna, da niyyar ya sanar da ita tafiyar. Tun daga ƙofa ya jiyo dariya. Ya leƙa, sai ya ga Monita zaune a ƙasa tana shafa wa Inna man zafi a gwiwa, tana kwaikwayon wani ɗalibinta da ya ce akuya ce ta cinye masa aikin gida. Inna na dariya har da riƙe ciki. Yaya Babba na gefe tana tsince shinkafa a faranti. Yana yin sallama dariyar Monita ta ɗauke kamar an kashe rediyo. Ta gyara mayafi ta ce, "Sannu da zuwa, maigida," ta tattara kwalbar man ta shige kicin.

Inna ta bi ta da kallo, sannan ta dube shi. "Zauna nan. Me ka yi wa yarinyar nan?"

Yaya Babba ta ce, "Inna, gyara aka yi. Ai ke ma kin ji abin da ta kira shi ranar nan."

"Na ji, da kunnena. Ta kuma je ta durƙusa ta ba Kawunku haƙuri, ya ce ya wuce. Ke wa ya aike ki?" Inna ta juya gare shi. "Auta, na zauna da mahaifinku har Allah ya karɓi abinsa. Mutumin kirki ne, bai taɓa ɗaga min murya ba. Amma ban taɓa sanin abin da ke ba shi dariya ba, shi ma bai san nawa ba. Na girmama shi, ya girmama ni, muka tsufa kamar maƙwabta. Ranar da ka dawo na ji ka yi dariyar da rabona da ita tun kana yaro, na ce a raina Allah na gode maka, ɗana ya samu abin da ban samu ba. Sai ka sa hannu ka rufe bakin rijiyar da kanka."

Yaya Babba ta ce, "Ni fa gudun raini nake yi masa."

"Wadda ta raina mutum ba ta jiransa shekaru tana wanke wa uwarsa ƙafa. Ki bar musu gidansu."

Yaya Babba ta sunkuyar da kai kan farantinta. Can ta ce a hankali, "Allah ya huci zuciyarki, Inna. Ban nufe su da sharri ba."

Ya tashi ya shiga kicin. Monita na tsaye gaban murhu ta ba shi baya. Ya jingina da ƙofa.

"Monita, ki yafe min. Na ɗauki maganar da ba tawa ba na ɗora miki. Don Allah ki faɗa min gaskiya, in tafi ko in zauna?"

"Yadda ka ce, maigida."

"Na roƙe ki. Ba maigida ke tambaya ba."

Ta juyo, hawaye na bin kumatunta, sai maganar ta ɓalle kamar an buɗe famfo. "To ka ji. Ba aiki za ka je nema ba, gudu za ka yi. Haka kake tun muna aji uku, ranar da za a raba sakamako sai ka ce cikinka na ciwo. Kunya kake ji don ina fita kana zaune. Wa ya ce maka ina ƙirgawa? Ka iya walda fiye da duk wanda ya ce ka dawo gobe. Ga injin waldar da ka zo da shi can gida yana shan ƙura a bayan ƙofa. Ka kafa rumfa a bakin titi ka fara da gyaran ƙofar maƙwabta, me zai cinye ka? Kuma tunda ka dawo, ka taɓa tambayata yadda na yi shekarun nan? Kai kaɗai ke da labari?"

Ya tsaya yana saurare, kowace kalma na shiga inda ya kamata. Duk duniya ba wanda zai iya faɗa masa wannan sai wadda ta san shi tun kafin ya san kansa. Ya ji idonsa ya yi zafi.

Ya ce, "Ban tambaya ba. Yanzu ina tambaya."

"Ba yau ba, abinci na ƙonewa. Miƙo min murfin can."

Da yamma ya kira ɗan kwangila ya ce a ba wani. Bai ɗauki lokaci ba ya kafa 'yar rumfar kwano a bakin titi. Farkon abin da ya gyara ƙafar kujerar shagon Dogo ce, shi ma Dogo ya ce sai dai a biya shi da aski. Kasuwa ta zo a hankali, wata rana a samu, wata rana a wuni ana korar ƙuda. Amma in Monita ta taso daga makaranta takan biyo ta wurin, ta zauna a benci tana ba shi labarin shekarun da ba ya nan, kaɗan-kaɗan, wasu su ba shi dariya, wasu su sa ya ajiye ƙarfe ya zauna kusa da ita. A gaban manya tana kama bakinta, shi ma ya daina kai kunnensa inda ba a kira shi ba. Yaya Babba da kanta ta kawo masa aikin tagogin sabon gidanta, ta zauna suka sha shayi da Monita.

Sau da yawa in ya ɗage gilashin walda daga fuskarsa ya hango ta tafe da jakar littattafai, sai ya yi hamdala a zuciyarsa, don ya san saura kaɗan ya yi asarar da ba ta da madadi.

Masu cewa auren waɗanda suka haɗu a makaranta ba ya ƙarko, rabin labarin suka sani. Ba sabo ke kashe irin wannan aure ba, jin kunyar wanda ya san farkonka ne ke kashe shi. Girmamawa wajibi ce tsakanin miji da mata, amma ba ita ce shiru da sunkuyar da kai ba. Duk wanda Allah ya ba abokin zama da ya san rauninsa tun ƙuruciya, ya kuma zaɓi zama da shi a haka, to ya gode, ya riƙe shi da kyau, kada ya bari 'yan kallo su koya masa yadda zai zauna da nasa.