Tandun Kwallin Malam Bature

"Kowa ya kwanta! Wanda ya ɗaga kai ya sha gubar dalma!"

Ubale, ogan 'yan fashin, shi ne ya daki ƙyauren ɗakin Malam Bature da ƙafa, rana tsaka, mutanen ƙauyen duk sun tafi cin kasuwar Tudun Wada. Nazifi na bayansa da bindiga, Tasi'u, ƙanin Nazifi, kuma yana waje yana gadin babura biyu.

Ba dukiya ta kawo su ba. Malam Bature, tsohon da ya ƙare ƙuruciyarsa a haƙar kuza a Riruwai, an ce ya tsinci wani tandun kwalli a ƙasan rami. Duk wanda ya zizara kwallin, sai ya ga ɗaya duniyar da ke jingine da wannan, da garuruwanta da hanyoyinta. Ubale kuwa 'yan sanda sun tare masa ko'ina. Yana son hanyar da ba su san da ita ba.

"Baba, tandu!" in ji Ubale, yana auna tsohon da tasa bindigar.

"Ɗana, ba abin wasa ba ne, ka bari in..."

Tau!

Tsohon ya zube a kan buzunsa. 'Yarsa Saudatu ta kurma ihu ta faɗa kansa. Ubale ya fizge tandun daga wuyan tsohon, ya yi waje.

Nazifi ya juya zai bi shi, sai ya ji an riƙe masa ƙafar wando. Tsohon ne, jini na fita ta bakinsa.

"Ka gaya masa... ido ɗaya ake sa wa. Na hagu. Na dama shi ke riƙe mutum a nan duniya."

Nazifi ya dubi tsohon. Mutumin da aka harba shi ke yi wa maharbinsa gargaɗi. Ya ce, "To, Baba," ya fice a guje.

Ihun Saudatu ya riga ya tara 'yan banga daga gonaki. Bindigar toka ta tashi daga cikin dawa. Dum! Tasi'u ya dafe cinya.

"Yaya, sun same ni!"

"Hau bayana! Oga, mu ware!"

A ofishin 'yan sanda waya ta yi ƙara. Sufeto Mudassir ya saurara, ya sura hularsa. "Dajin Falgore za su yanka su ɓulla Riruwai. Ku tada mota!"

Cikin daji, a bakin wani rafi, Tasi'u ya sulale daga babur. Wandonsa ya jiƙe sharkaf. Nazifi ya yage rigarsa yana ɗaure masa cinyar.

"Oga, a nemo masa mai magani. Akwai rugar Fulani nan gaba."

"Dalla can! Jininsa ne zai nuna musu sawunmu."

"Zan goya shi, Oga. Ni zan goya shi. Uwarmu ɗaya."

Tasi'u ya yi ƙoƙarin murmushi. "Yaya, ka daina roƙo, zan iya ta..."

Tau!

Tsuntsaye suka watse daga kan ɗorawa. Ubale ya mayar da bindiga kafaɗa kamar wanda ya kashe kunama.

"Na rage masa wahala. Tashi, babur ɗaya ya ishe mu."

Nazifi bai yi kuka ba. Ya rufe wa ƙaninsa ido, ya karyo ganye ya lulluɓe shi. Can nesa suna jin kukan mota.

Sai da suka hango duwatsun Riruwai Ubale ya tsaya. Gabansu tsoffin ramukan kuza ne cike da koren ruwa, bayansu kuma jiniya. Ya buɗe tandun, ya tsoma tsinke.

"Kai ka tsaya da tsohon nan. Ya ce wani abu?"

Nazifi ya dubi jinin Tasi'u da ya bushe a tafinsa.

"Bai ce komai ba, Oga."

Ubale ya rambaɗa wa idon dama, ya rambaɗa wa na hagu, yadda uwar kowa ta saba yi masa tun yana goye. Wa ya taɓa ganin mai kwalli a ido ɗaya? Ya miƙa wa Nazifi tandun. "Riƙe min."

Sai ya ƙame. Bakinsa ya buɗe.

"Kai! Nazifi, ka ga gari kuwa? Ga ganuwa fara tas! Ga kasuwa, ga wasu dogayen mutane suna ɗauke da wuta a ƙwarya! Ga titi nan shimfiɗe, ba ɗan sanda ko ɗaya!"

Nazifi ya duba. Dutse ne, da ciyawa, da bakin rami.

"Ina titin yake, Oga?"

"Ga shi nan miƙe, makaho! Hau!"

Babur ya zabura. Ubale na dariya, yana murɗa wuta, yana kauce wa abubuwan da babu su. Bakin ramin ya matso, ya matso. Nazifi ya saki ƙugunsa ya wuntsila cikin ƙaya.

Tsundum!

Ruwan ya yi tambal-tambal, ya yi kumfa, ya kwanta.

Nazifi ya ja jiki zuwa bakin ramin, kafaɗarsa a goce. Da ya so gudu, da akwai sauran dama. Amma ya buɗe tandun, ya zizara wa idon hagu kaɗai, ko Allah zai sa ya hango Tasi'u.

Ya ga ganuwar. Ya ga kasuwar. Ya bi fuskoki ɗaya bayan ɗaya, babu ƙaninsa a ciki. Ubale kawai ya gani a tsakar kasuwa, jiƙe, ba bindiga, yana tare dogayen mutanen yana tambayarsu, ba mai ko waiwayarsa.

Ankwa ta ɗanu a hannunsa. Da idon dama ya ga Sufeto Mudassir tsaye a kansa, da Saudatu a bayan mota, mayafinta duk jinin ubanta.

"Ina ogan naku?"

Nazifi ya nuna ruwan da haɓa. Baƙin hawaye na gangarowa ta kunci ɗaya.

"Yana can yana tambayar hanyar gida, ranka ya daɗe. Ku fara ɗauko min ƙanina, yana bakin rafi, kafin kuraye su riga ku."