Ɓatan Tsohuwar Attaura ta Karmana

Ga ta nan tafe, ku matso ku karɓa.

Ta iso lafiya, Kaka, kunnuwanmu na gare ki.

Wata Litinin da sassafe, a garin Karmana, a shekarun nan da Yahudawan unguwarmu ke ta sayar da gidaje suna tashi iyali bayan iyali, Mullo Gabriyel, malamin majami'a, ya ja labulen ma'ajin Attaura ya buɗe ƙofar, sai ya yi tsaye kamar an dasa shi. Naɗaɗɗun littattafai uku ke zama a ciki, kowanne a akwatinsa na katako. Biyu na nan da kwalliyarsu ta azurfa. Tsohuwar, ta fatar barewa, wadda ba wanda ya san hannun da ya rubuta ta, babu ita.

Kafin hantsi Sufeto Tursun ya iso. Mutum ne mai sanyi, ba ya ɗaga murya. Ya duba kwaɗo, lafiya lau. Ya duba tagogi, ba a taɓa ba.

"Su wa ke da mabuɗi?"

"Ni," in ji Mullo, "da Rahamin mahauci, shugaban jama'a, da Finhas mai aski, shi ke shara da kunna fitilu."

"Wa aka bari a nan jiya?"

Wani daga cikin mazan da suka taru ya ce, "Yarinyar nan ta Tashkent."

Nodira ke nan, ɗalibar jami'a, 'yar Musulmi, wadda ta karanci Ibrananci, take kuma rubuta littafi don masu fara karatun Attaura da littattafan annabawa. Tun bazara take zuwa, Mullo na warware mata tsohuwar fatar tana duba yadda marubucin ya ja layi da irin tawadarsa. Ita hannunta bai taɓa taɓawa ba. Ran Lahadi an bar ta a ɗakin karatu na gefe, ta fita da azahar ta ja ƙofa, kwaɗon ya kama kansa.

"Ɓarawon da ya bar azurfa ya ɗauki tsohuwar fata," in ji Sufeto, "ya san abin da ya ɗauka. Wa ya kai yarinyar sani a garin nan?"

Ya tafi da ita ofis. Ya ce in littafin bai fito ba kafin ƙarshen mako, zai miƙa ta kotun lardi, daga nan kuma karatu ya ƙare.

To, Nodira a gidan Bibi Sibiyo take sauka. Bibi wato kaka, kuma duk unguwa haka ake kiranta, har waɗanda suka girme ta. Mijinta ya rasu, 'ya'yanta sun tsallaka teku, abin da ya rage mata tukunya ce da baki, kuma duka biyun ba sa hutawa. Da labari ya kai mata ta yafa gyale, ta jira maza suka watse, ta shiga majami'a wai za ta yi shara.

Ta tsaya gaban ma'aji. An gyara sauran biyun sun tsaya sosai don kada su jingina. Mullo ya ce labulen ma a ja ya same shi. Ta bi da tsintsiya a hankali har ƙofar baya, inda akwai wata matakala mai tsayi da ta sha tuntuɓe da mutane. A gindinta tsintsiya ta jawo abu biyu: ɓaren katako mai jan fenti, da ƙugiyar tagulla a lanƙwashe. Bibi ta san ƙugiyar. Ita ke rufe akwatin tsohuwar Attaura.

Ta dafe ƙirji. "Wayyo ni. Ta faɗi ƙasa."

Ta ƙulle su a bakin gyale, ta kai wa Nodira gurasa da shayi a ofis. Yarinya idanu sun kumbura.

"Bibi, wallahi ban..."

"Ci tukuna. Ke da ba ki iya ɗaga tulun ruwa ba sai kin kira ni, ke za ki saɓa akwatin nan? Saurara, 'yata. Littattafanki me suka ce in Attaura ta faɗi?"

Nodira ta share ido. Ko cikin kuka, in aka taɓo karatu sai ta miƙe zaune. "A cikin Attaura kanta babu. Malaman baya ne suka ɗora al'adar. Wasu sun ce wanda ta faɗi a hannunsa ya yi azumin yini ɗaya, wasu suka ce ya ba da sadaka."

"Mu nan kwana arba'in ne, daga asuba zuwa faɗuwar rana, ban da Asabar. Kuma washegari ake farawa, ba a jinkiri."

"Amma Bibi, ɓarawo zai yi azumi?"

"Ɓarawon da ya tsaya ya ja labule bayansa? Zai yi."

Ran Talata ta tashi ta ɗora bahash, shinkafar nan mai ganye da hanta da kitsen rago, wadda ƙamshinta ke tsallake katanga. Da gangan ta zaɓi Talata, don Mullo ya saba azumin Litinin da Alhamis tun yana saurayi. Da rana ta take, ta zuba a kwano uku, ta lulluɓe, ta fita.

Ta fara da Rahamin, don shi unguwa ke raɗa a kansa. Wata mai zuwa zai tashi da iyalinsa, tsakar gidansa duk akwatuna.

"Kin zo bincike ke ma?" in ji shi. "Ga su nan, ki buɗe! Barguna ne da tukwane. Shekara nawa ina yanka wa mutanen nan nama, yau ni ne ɓarawo."

"Ni abinci na kawo, sarkin fushi. Ina kake ran Lahadi?"

"Kasuwar dabbobi, tun safe har yamma. Tambayi dillalai, sun kusa cinye ni." Ya ɗaga murfin. Fushin ya sauka daga fuskarsa. Ya wanke hannu, ya yi addu'ar abinci, ya sa hannu, bai ɗago ba sai da ya ga gindin kwano. "Babu ƙari?"

"A can inda za ka, matarka ta dafa maka."

Mullo Gabriyel ta same shi zaune da littafi a buɗe, ba ya karantawa.

"Mabuɗinka ya taɓa barin jikinka, Mullo?"

"Ko wanka da shi nake yi."

"Yarinyar fa? Me ka gani?"

Tsoho ya girgiza kai. "Kullum sai mun yi musu. Ita ta ce masana sun ga hannuwa da yawa a littafin, wai labarin halitta sau biyu aka ba da shi, kowanne da salonsa. Ni na ce Annabi Musa ne ya rubuta, kuma uba yakan faɗa wa ɗansa magana sau biyu. Ta yi dariya, in yi. Amma Sibiyo, yarinyar nan ba ta taɓa juya wa ma'aji baya in za ta fita ba. Ba wanda ya koya mata. Ganin mu ta yi."

Ya yi addu'a, ya ci loma kaɗan, hawaye na sauka cikin gemu. Kaɗan ɗin ya ishi Bibi.

Saura kwano ɗaya. A nan tafiyarta ta yi nauyi, don ita da Finhas tare suka yi wasan ƙasa. Mutum ne da ba a yin biki ko zaman makoki sai ya riga masu gida zama gaban tire. Ta same shi a shago ba kowa, yana wasa aska.

"A'a, ga rediyon unguwa! Wa za a yanka yau?"

"Kai, tumbin tanderu. Ga bahash, da kitsen da kake so."

Ta buɗe. Ƙamshi ya cika shago. Finhas ya kau da kai.

"Ajiye can, sai anjima. Cikina ne tun jiya."

"Ciki? To zuba mana shayi, shi ne magani."

Ta kai hannu ga butar shayinsa. Sanyi ƙalau. Butar da tun tana amarya ba ta taɓa ganin ta huce da rana ba. Ta dubi leɓunansa, sun bushe sun tsage.

"Ina kake ran Lahadi da la'asar?"

"Nan."

"Na aiko a karɓo almakashina, aka ce shago a rufe."

"To, na ɗan zaga."

Bibi ta gutsuri gurasa ta danƙa masa a hannu. "Loma ɗaya. Yi addu'a in ce amin."

Ya riƙe gurasar. Ya san in ya ambaci sunan Allah a kanta dole ya ci. Ya buɗe baki, ya rufe. Bibi ta kwance bakin gyale, ta ajiye ƙugiyar da ɓaren katakon kusa da askarsa.

"Matakalar baya ce, ko?"

Finhas ya zauna daɓas a kujerar aski, ya rufe fuska. "Na ji ƙarar har cikin haƙorana, Sibiyo. Na ɗauke ta na sumbace ta, ina ta ba ta haƙuri kamar jaririya."

"Fatar ta yage?"

"A'a. Akwatin ne ya tsage. Tana ɗakin baƙi, bisa kantar kaya, na lulluɓe ta da mayafin addu'ata. Ni a tsakar gida nake kwana, ba na iya miƙe ƙafa a gidan da take."

"Wa ka so ka sayar wa?"

Ya ɗago a fusace. "Sayarwa? Ni? Lokacin da gwamnati ta rufe majami'u, ubana a rumbun alkama ya ɓoye ta, da an kama shi da ba mu ƙara ganinsa ba. Ki ƙirga mu, Sibiyo. Mu maza goma ne cif. Rahamin na tashi mun zama tara, kuma tara ba sa fito da Attaura su karanta. Na ji yarinyar na faɗa wa Mullo wai akwai gidan tarihi da za su kula da ita, ba zafi ba laima. A cikin gilashi! Mutane su wuce suna cin alewa suna kallonta, ba mai karanta ko aya ɗaya. Na ce gara ta zauna wurina."

"Wurinka kai kaɗai wa zai karanta ta? Kai goma ne?"

Bibi ba ta tsaya nan ba.

"Wannan duka na ji, har na tausaya. Amma 'yar mutane ta kwana a ofishin 'yan sanda, kana kallo aka tafi da ita. Kana azumi don fata ta taɓa ƙasa. Ita fa da ka jefar, azumin kwana nawa za ka yi mata?"

"Na ɗauka za su sake ta."

"Ƙarya kake, tsoro ka ji. Tashi ka sa hularka."

Tare suka je. Finhas ya faɗi komai da bakinsa. Sufeto ya saurara, sannan ya juya ga Bibi.

"Yaya aka yi kika gane?"

"Ɗana, kai ka ce ɓarawon ya san darajarta, gaskiyarka. Ni kuma na ga ya ja labule ya gyara sauran, na ce ɗan gida ne. Ƙugiyar nan ta ce mini ta faɗi. A wurinmu wanda ta faɗi a hannunsa ba ya ci da rana, ko da ba wanda ya gan shi. Masu mabuɗi uku ne. Biyu sun ci abincina."

"Da ya daure ya ci fa?"

"Da ya iya ci, da ba shi ba ne ya ja labulen."

Aka fito da Nodira. Finhas ya kasa dubanta, sai da ta zo ta tsaya gabansa.

"Baba Finhas, da ka tambaye ni. Gidan tarihi na ambata don na ga kuna ƙarewa, ina tsoron ɓeraye da damina. Na san littafin nan don a karanta shi da murya aka rubuta shi. Shi ne abin da na fara faɗa a nawa littafin."

"Ki yafe mini, 'yata."

"Ba yau ba," in ji ta. "Yau gida nake so in je in yi wanka."

Da yamma maza goma suka ɗauko Attaura daga gidan Finhas suka mayar da ita. Ba shi ya ɗauka ba, a baya ya tafi. Mullo da Rahamin suka ƙi shigar da ƙara, Sufeto ya rufe maganar bayan ya yi wa Finhas faɗan da ya ji a jikinsa. Aka karɓe mabuɗinsa. Jama'a duka suka yi azumin yini guda saboda faɗuwar.

Finhas ya cika kwanakin azuminsa, ya rame har wandonsa na zamewa, Bibi ce ke aika masa abin buɗe baki. Nodira ta yafe masa kafin ta koma Tashkent, littafinta kuma ya fito, ɗalibai na fara karatu da shi. Rahamin ya tashi da iyalinsa. Da suka zama tara, Mullo Gabriyel ya kai tsohuwar Attaura Bukhara, inda har lokacin maza goma ke taruwa, ya zauna can har ya rasu. Finhas ya sayar da shago ya bi Attaurar, ya sauka wurin 'yar'uwarsa, kowace Asabar yana sahun baya yana saurare. Bibi Sibiyo ta ƙi tashi ko'ina. A Karmana ta ƙare kwanakinta, aka binne ta kusa da mijinta.