Wa Ya Canza wa Baba Tela Magani?

Ƙarfe bakwai saura kwata na safe aka bugo waya ofishin 'yan sanda: mota ta kaɗe wata mai shara a mahaɗar titin kasuwa, direban ya gudu.

Kafin Sufeto ta isa an riga an lulluɓe matar. Tsintsiyarta na yashe tsakiyar kwalta, motoci sai kauce mata suke yi. Mutane sun fi hamsin a tsaye, amma da ta tambayi wanda abin ya faru a gabansa, kowa ya sunkuyar da kai yana kallon takalminsa.

Mutum ɗaya ne ya ɗaga hannu, wani tsoho siriri da tef ɗin awo rataye a wuya. Baba Tela ake ce masa a layin.

"Ni na gani, 'yata. Ina cire kwaɗon shago ke nan. Mota ce ruwan toka, fitilar hagu ta fashe a jikin baiwar Allah. Saurayi ne ke tuƙi, rigarsa shuɗiya mai ratsi, an ɗora mata aljihu a karkace."

Saja, mataimakin Sufeto, ya kasa riƙe murmushi. "Baba, har aljihun ka gani?"

"Ya sauko ya leƙa ta kafin ya gudu. Shekara arba'in da shida ina kallon riguna, yaro. Rubuta lambar motar, ka bar dariya."

Ya karanto lambar tiryan-tiryan. Kafin yamma an gano motar a garejin wani mai gyaran jikin mota, an riga an sa mata sabuwar fitila. Mai ita, wani saurayi mai sanyin murya, ya rantse ƙofar gida ya daka da motar har fitilar ta fashe. Washegari lauyansa ya karɓi belinsa. Ƙarar gaba ɗaya ta rataya a kan bakin Baba Tela.

Bayan mako uku, saura kwana biyar a shiga kotu, Saja ya ajiye wa Sufeto wata takarda daga lauyan. Takardar ta ce mai shaidar tsoho ne mai shan maganin rage kitse a jini, wanda likitoci ke kira sitatin, kuma maganin ya lalata masa tunani, don haka kada kotu ta saurare shi. Har sunan ƙwayar da ƙarfinta an rubuta.

Sufeto ta karanta sau biyu, ranta na tafasa.

"Mutumin da ya ga aljihun riga daga tsallaken titi shi ne ba shi da tunani? Saja, wa ya faɗa wa lauya irin ƙwayar da Baba ke haɗiya a ɗakinsa?"

"Ni dai ba ni ba ne, ranki ya daɗe. Ko sunan na kasa karantawa."

"Ɗauko makullin mota."

'Yar Baba Tela ce ta buɗe musu ƙofa, malamar makaranta ce, idanunta sun yi ja. Ta kai su ɗakin tsohon. Keken ɗinkinsa na lulluɓe da ƙyalle. Shi kuma yana kishingiɗe da rana tsaka, goshinsa da ƙullutu, leɓensa ya saki.

"Baba, ka gane ni?"

Ya daɗe yana kallonta. "Ke ce... mai ɗinkin labule?"

Sufeto ta dubi ƙullutun goshinsa. Ta juya ga 'yar.

"Me ya same shi a goshi?"

"A banɗaki ya faɗi shekaranjiya. Maganin kitsen nan ne, ranki ya daɗe. Duk layin nan an san yana cinye ƙwaƙwalwa."

"Wa ya ce?"

"Haka dai ake faɗa."

"Tun yaushe yake shan sa?"

"Shekara shida, tun da ya yi ciwon zuciya."

"Mantuwar fa?"

"Sati biyu da 'yan kwanaki."

"Shekara shida maganin na zaune lafiya da shi, sai da ya zama shaida ya tuna yana cin ƙwaƙwalwa? A ina kike karɓa?"

'Yar ta gyara ɗankwalinta. "A asibiti."

Daga kan gado tsohon ya yi magana, harshensa a nannauye. "Ba ita ba ce. Waccan doguwa ce... wannan kamar maɓalli."

"Kin ji ko? Haka yake wuni yana sambatu," in ji 'yar.

"Kawo mini maganin."

Kwalin na sitatin ne, babu shakka. Amma cikinsa wata 'yar leda ce da ƙananan ƙwayoyi zagayayyu, an manna mata takarda da rubutun hannu: ɗaya safe, ɗaya dare. Sufeto ta sa su a ambulan, ta ce kada a sake ba shi komai sai likita ya gan shi yau ɗin nan.

Likitan zuciyar da ke duba Baba Tela ya zazzage ƙwayoyin a kan tebur, ya juya ɗaya da bakin biro, fuskarsa ta canza.

"Wannan ba maganin da na rubuta ba ne. Ya yi kama da maganin barci mai ƙarfi, amma sai ɗakin gwaji ya tabbatar. Kuma ni sau ɗaya na ce a rana. Kwana nawa yana shan wannan?"

"Wajen sati biyu da rabi."

"To ba a yanke masa shi lokaci guda, sai a hankali. Yanzu zan tura a ɗauko Baba."

"Likita, faɗa mini gaskiya don kotu zan je. Shi sitatin ɗin yana sa mantuwa?"

"Akwai 'yan tsirarun mutane da kan ce suna jin kansu ya yi nauyi ko suna mantuwa bayan sun fara sha. Ba ma ƙaryata su. Yawanci abin ba ya tsanani, kuma in muka rage ko muka canza musu wani, yakan wuce. Amma manyan binciken da aka yi a kan dubban mutane ba su nuna yana lalata ƙwaƙwalwa ba. Abin da muka tabbatar shi ne yana rage haɗarin bugun zuciya da shanyewar ɓarin jiki, musamman ga irin Baba da ya taɓa yi. A ce kuma wai bayan shekara shida ya kayar da mutum cikin sati biyu, har ya kasa gane mutane? Ni kam wani dalilin zan fara nema."

Ya buɗe fayil, ya ja tsaki.

"Wata huɗu rabonsu da karɓar magani a nan. Kuma kin san me? Marasa lafiyata biyu daga layin nan sun daina shan nasu satin nan, wai sun ga abin da ya sami Baba Tela. Safiyar yau na ƙare wajen lallashin wata tsohuwa."

Sufeto ta miƙe. Ita ma mahaifiyarta wannan ƙwayar take sha kowace rana, kuma ta san cewa da maganar ta kai kunnen tsohuwar, da tuni ta watsar da kwalin a kwandon shara.

A barandar asibitin ta tare 'yar Baba Tela, bayan an kwantar da shi.

"Kin yi mini ƙarya, Malama. Wata huɗu ba ki zo nan ba."

Matar ta fashe da kuka. "Layin asibiti yana cin wuni guda, ni kuma aji ke jirana. Kunya na ji in faɗa. Wajen Kawu nake saya."

"Wane kawu?"

"Mai Kemis na bakin layi. Ba kawuna na jini ba ne, amma a hannunsa na tashi. Shekara talatin suna zama benci ɗaya da Baba. Shi ya ce kamfani ne ya canza ƙwayar, kuma sabuwar sau biyu ake sha."

"Da Baba ya fara tangaɗi fa?"

"Ya ce sanannen abu ne, maganin kitse haka yake yi wa tsofaffi. Ya ce kada in kai shi asibiti, za su ce taɓin hankali ne su tsare shi."

"Mahaifinki ya faɗa miki ƙwayar ba ita ba ce?"

"Tun daren farko."

"Tun daren farko, lokacin yana cikin hankalinsa sarai! Mutumin da ya shekara shida yana haɗiyar abu, ya ce miki ba shi ba ne, kika ɗauki maganar wani kika bar tasa. Don me? Don ya tsufa?"

Matar ta rufe fuska da hannu. Sufeto ta sassauta murya, don ta ga wannan ba mai laifi ba ce, wadda aka yi amfani da ita ce.

"Je ki zauna kusa da shi. In ya yi magana, ki saurara."

Abu ɗaya ya rage mata: me ya haɗa Mai Kemis da saurayin mota? Saja ne ya kawo amsar washegari, tare da sakamakon gwaji da ya tabbatar maganin barci ne. Ya shigo yana kaɗa wata takarda kamar wanda ya ci gasa.

"Ranki ya daɗe, fom ɗin beli na sake dubawa. Wanda ya tsaya wa yaron ya rubuta dangantaka: ƙanin mahaifiya. Sana'a: sayar da magani. Dubi adireshin."

Sufeto ta ajiye fom ɗin kusa da takardar jikin leda. Hannu ɗaya ne ya rubuta su, har yadda yake lanƙwasa wutsiyar harafi.

Da la'asar suka shiga kemis ɗin. Shago ne tsaf, kwalaye jere har rufi, mutum huɗu na jiran layi. Mai Kemis, dattijo mai furfura cikin farar riga, ya tarbe su da fara'a.

"Maraba da manya. Ciwon kai ne ko na aiki?"

"Kai kake sayar wa Baba Tela magani?"

"Jefi-jefi. Allah sarki, abokina. Maganin kitsen nan ya gama da shi."

"Ka san saurayin da ake tuhuma da kaɗe mai shara?"

"A'a. A bakin mutane na ji."

Ta shimfiɗa fom ɗin beli a kan kantar shagon. "To wanda ba ka sani ba ka tsaya wa?"

Ya leƙa fom ɗin. "Ɗan yayata ne. Tsaya wa ɗan'uwa ai ba laifi ba ne."

"Ba laifi ba ne. Wannan fa?" Ta ajiye ledar. "Rubutun wa ne?"

"Rubutu yana kama da rubutu."

"Ga sakamakon gwaji. Ga bayanin Malama da sa hannunta. Ga takardar lauya ɗauke da sunan ƙwaya da ƙarfinta, abin da mutum uku kawai suka sani: likita, 'yar Baba, da mai sayarwa. Saja, ɗauko kwalin maganin barcin can, mu gwada ƙwayar a gaban jama'a."

Mai Kemis ya dafa kantar shagon, ya zauna a kan kujera daɓas.

"Ba kashe shi na yi niyya ba," ya ce a hankali. "Wallahi ba kashe shi ba. Yayata ce ta zo tana kuka, yaron nan shi kaɗai gare ta. Na ce sati uku kawai, a wuce kotu, in mayar masa da maganinsa. Ni na ba lauya sunan ƙwayar, shi bai san na canza ba. Na san mutane dama suna tsoron maganin, ba wanda zai yi tambaya."

"Sati uku kawai!" Muryar Sufeto ta cika shagon. "Ka raba mai ciwon zuciya da maganinsa, ka ɗura masa na barci safe da dare, ya faɗi ya fasa goshi. Ka mai da mutum mai cikakken hankali abin tausayi a gaban 'yarsa. Ka tsorata tsofaffin layi suka watsar da maganin da ke tsare ransu. Matar da aka kaɗe ta bar 'ya'ya uku, su wa ya yi musu kuka a gabanka? Mutum hamsin suka yi shiru ranar, shi kaɗai ya buɗe baki, kai kuma abokinsa ka rufe masa!"

"Yaya jikinsa?" ya tambaya, bai ɗago ba.

"Da safen nan ya gane 'yarsa, ya nemi tabarau. Likita ya ce zai dawo daidai. An ɗaga zaman kotu sati biyu, zai tsaya da ƙafarsa ya yi magana. Miƙo hannunka."

Saja ya ɗaura masa ankwa. Da suka fito, layin ya cika da mutane. Wata tsohuwa da ke cikin masu jira ta biyo su har bakin mota, tana riƙe da ledar maganin da ta saya a satin.

"'Yata, nawa fa? Shi ma ya canza?"

Mai Kemis ya buɗe baki zai amsa.

"Ba kai aka tambaya ba," in ji Sufeto. Ta karɓi ledar ta duba, ta mayar mata. "Iya, gobe da safe ki kai wa likitanki ya gani da idonsa. Duk wanda ya sayi magani a nan ya yi haka. Kada wanda ya daina shan nasa don jita-jita."

Ta sa Saja ya ja ƙofar shagon ya datse da kwaɗo, sannan ta shiga mota suka tafi da shi.