Ranar Tsaka

Hadi ta naɗe hannun rigarta har gwiwar hannu, ta miƙa wa Hamani, ta kawar da kai.

"Duba da kyau... in za ka gudu, ka gudu tun yanzu."

Jajayen tabo ne masu farin ɓawo kamar na kifi, in ta sosa su zubo kamar dusa. Suna bayanta, suna gwiwoyinta, har cikin gashi. Hamani, mai kwalekwalen da ke fito da mutane tsakanin Gaya da Malanbil, ya riƙe hannun, bai ko yamutsa fuska ba.

"Hadina, ni da na girma cikin ɓawon kihi, wanga zai kore ni?"

Ta yi dariya, hawaye na zuba. Tana sonsa, son da har tsoro yake ba ta.

Amma aure ba na mutum biyu ba ne. Mahaifiyarsa Inna Kande ta ji ƙishin-ƙishin a bakin kogi, ta ce kuturta ce, kuma jininta ba zai gauraya da na kutare ba. Da ƙyar dattawa suka shawo kanta, aka tsaya a kan magana ɗaya: bayan sallar layya Gwaggo Aisata, ƙanwar mahaifinsa, za ta zo ta duba jikin yarinyar. In fata ta yi sumul a ɗaura aure, in ba haka ba kowa ya kama gabansa.

Hamani ya kai ta wurin Majo Alassan, babban malamin gidan likita. Majo ya ce ba kuturta ba ce, ba a kuma ɗauka. Ya faɗi sunan cutar da Faransanci, soriyazis, suna ya shiga ta kunnen dama ya fita ta hagu. Ya ce a manyan asibitoci da fitila ake gasa ta, amma sojoji ke mulki nan da can, iyakar Najeriya a rufe take ruf, Yamai kuma ba nan kusa ba. Sai ya ba ta wani baƙin man shafawa mai warin kwalta. Ya ce ta shafa, ta buɗe bayanta ga ranar hantsi gwargwadon dahuwar shayi, sannan ta koma inuwa. Ya ja mata kunne, ya ce man nan jawo rana yake, kada ta kuskura ta wuce haka.

Hamani ya kewaye mata wani lungu da zana a bayan ɗakin mahaifiyarta. Kullum da hantsi tana can a kan tabarma, shi kuma in ya dawo daga fito ya tsaya ta waje yana tambayar jiki. Ɓawon ya fara faɗuwa, jan ya fara dushewa. Sai dai sannu a hankali, sallah kuwa ba ta jiran kowa.

Ana saura kwanaki kaɗan, Fadima ta zo. 'Yar ƙanwar Inna Kande ce, wadda tun tana goye ake ce mata matar Hamani. Ta leƙa bayan Hadi, ta girgiza kai da tausayin da bai wuce leɓe ba.

"Wayyo 'yar uwa, da saura hwa. Ranar hantsi mi za ta yi miki? Ko kihi ba ya bushewa sai da ranar tsaka."

Hadi ba wawuya ba ce, ta san ba a neman shawara wurin mai son abin da ke hannunka. Amma mai tsoro ba ya tantance murya. Da aka yi azahar, gari ya yi tsit don zafi, ta lafta man har ninki biyu ta kwanta rub da ciki. Ranar Gaya ta bazara ba abokiyar wasa ba ce. Bayanta na raɗaɗi, tana cije zane tana kiran sunan Hamani, ba ta tashi ba sai la'asar.

Kafin gari ya waye bayan ya tashi da bororo. Suka fashe, suka yi ruwa, kuma duk inda rana ta ƙona sai cutar ta bi ta yi sabon gida. Majo da ya gani kasa faɗa ya yi, ya wanke mata kawai.

Gwaggo Aisata ta zo ranar da aka sa. Ta ɗaga zanen, ta sake shi da sauri, ta fita ko ruwa ba ta sha ba.

Hamani ya yi rantsuwa, ya kawo Majo har gida ya yi bayani, duk a banza. Inna Kande ta ce in ya ƙara taka ƙofar gidan su Hadi, sai ta ɗaga masa nono. Da yamma ya zo, ya tsaya a bayan zana.

"Ki shirya mu haye ruwa, rabin raina. Malanbil ma gari ne."

"Da bakin uwa a kanka? Jirgin ma ba zai kai gaci ba... Tahi, Hamani."

Ya daɗe a tsaye. Tana jin kukansa, ta toshe bakinta da zane don kada ya ji nata.

Da ruwa ya sauka aka ɗaura aurensa da Fadima.

Hadi ta koma wa ranar hantsinta, ba gaggawa, tunda babu wanda take yi wa. Kafin a yanke gero fatarta ta yi sumul, sai ɗan duhu-duhu a inda tabon yake.

Wata ranar kasuwa ta sauka bakin kogi za ta haye, hannuwanta a buɗe. Gwaggo Aisata na zaune cikin jirgin Hamani. Tsohuwar ta ƙura mata ido, ta kamo hannun, ta juya shi gaba da baya.

"Ɗiyata... ashe ba kuturta ba ce?"

"Ba ita ba ce, Gwaggo. Dā ma an faɗa muku."

Hamani ya saki gorar tuƙi, ya matsa mata wuri a kan katako, idanunsa jajir.

"Shigo, Hadi. Ko fito kaɗai bari in yi miki."

Ta dube shi, ta ga har yanzu nata ne, kuma hakan ba zai amfane su da komai ba.

"Ka gaida amarya," ta ce.

Ta tattare zanenta ta shiga jirgin da ke kusa.